Jinkirin Sake Duba Takardar Jarrabawa: Ina Iyakar Hurumin Kotu?

Ra'ayin da ya yi kaka-gida a tsakanin malaman shari'a a Nijeriya shi ne, sha'anin jarrabawa harkar cikin gida ce ta jami'a, kamar yadda Kotun Ƙoli ta nuna a shari'ar Magit da Jami'ar Aikin Gona ta Makurɗi a 2005. Wani abokin aikina ya ɗora a kan wannan, yana ganin ɗalibin da ya nemi a sake duba takardarsa, aka shekara ba amsa, ba shi da abin yi sai haƙuri. A ganina, ya haɗa abu biyu da ba su haɗu ba.

Bayar da maki daban, ƙin bayar da amsa daban. Alƙali ba shi da ilimin da zai ce amsar ɗalibin kimiyyar haɗa magunguna ta cancanci 45 ko 60. Amma gane cewa fayil ya kwana wata goma a ofishin magatakarda ba ya buƙatar digirin fannin. A 2014, a shari'ar Jami'ar Ilorin da Adesina, Kotun Ƙoli ta bambanta ikon bayar da digiri da riƙe sakamakon ɗalibi, ta ce kotu na da hurumi a na biyun.

Abokin nawa zai ce riƙe sakamako aka yi shari'a a kai, ba sake dubawa ba. Gaskiyarsa, don haka zan taƙaita da'awata. Inda dokokin jami'a suka tanadi sake dubawa, ɗalibi ya cika sharuɗɗa, ya biya kuɗi, aka ba shi rasit, to nauyi ya hau kan hukuma. A nan, mai yiwuwa Babbar Kotun Tarayya, wadda sashe na 251 na Tsarin Mulkin 1999 ya ba ta hurumi kan hukumomin tarayya, ta bayar da umarnin mandamus. Umarnin zai ce a duba a sanar, ba zai ce a ƙara maki ba.

Hujjarsa ta biyu ta fi nauyi: sai ɗalibi ya ƙure hanyoyin cikin gida kafin ya je kotu. To yaya ake ƙure hanyar da ba a sa mata wa'adi ba? Ga kuma Dokar Kare Jami'an Gwamnati da ta ba mai ƙara wata uku kacal. Ya gaggauta a ce ya yi riga malam masallaci, ya jira a ce lokaci ya wuce. Ko da lauya ya kauce wa wa'adin wata ukun da hujjar cewa cutarwar ba ta yanke ba, wanda ya cika shekara 30 kafin kammala digiri ya rasa hidimar ƙasa, kuma babu hukuncin da zai mayar masa da ita.

Saboda haka kotu na da hurumi a kan jinkiri, ba a kan maki ba. Ya rage wa majalisun jami'o'inmu su rubuta wa'adin sake dubawa ƙarara a kundin dokokin jarrabawa.