Daga Ina Sunan Nagwamatse Ya Samo Asali?

A Afirka ta Kudu, ɗan ƙabilar Zulu mai suna Ndlovu ya san ma'anar sunansa giwa, ya kuma haddace kirarin zuriyarsa. A nan Ibeto kuwa, galibi sunan gari mutum kan ɗauka. Haka Nagwamatse yake, wato na Gwamatse, ribaɗin ƙasar Sakkwato da Umaru ɗan Sarkin Musulmi Abubakar Atiku ya riƙe. A 1859 aka naɗa shi Sarkin Sudan, ya kafa Kontagora a 1864, ya rasu a 1876. Ga zuriyarsa sunan abin alfahari ne. Ga Kambari da Gwari da aka kame kakanninsu bayi kuwa, tabo ne. Mu faɗa wa yara duka biyun. Allah ya sa mu dace.