Manajan Dandali a Farkon Talabijin na Arewa

Talabijin ya fara aiki a Nijeriya ranar 31 ga Oktoba 1959, da tashar WNTV ta Ibadan. A watan Maris na 1962 Gwamnatin Jihar Arewa ta Sardauna Ahmadu Bello ta buɗe tata a Kaduna, ƙarƙashin kamfanin BCNN, da haɗin gwiwar kamfanonin Ingila biyu, Granada da EMI. Na'urar ɗaukar hoto a kan tef ta Ampex ta fito tun 1956, amma tsadarta ta sa shirye-shirye da yawa a duniya kai tsaye ake watsa su. Abin da ya faru a sitidiyo, shi mai kallo zai gani, babu gyara.

A nan aikin manajan dandali yake. Darakta yana can ɗakin sarrafawa, idonsa a kan allunan hoto, 'yan wasa ba sa jin muryarsa. Manajan ne ke tsaye gefen kyamara da na'urar sauraro a kunne, yana karɓar umarni yana mayar da shi ishara, domin ko tari ya yi makirfo zai ɗauka. Da yatsu yake ƙirga daƙiƙun da suka rage kafin a hau iska. In ya juya yatsa a sama, a taƙaita. In ya ware hannuwa a hankali, a ja zance. In ya gitta hannu a maƙogwaro, a tsaya nan take. Kafin shiri ya zana wa kowa wurin tsayuwa a ƙasa, ya duba kujeru da kayan wasa, ya tabbata wayoyi masu kauri ba za su harɗe ƙafar kyamara ba. Duk wannan cikin zafin fitilu.

Aikin ya fi wuya a shirin Hausa. Mawaƙin gargajiya da 'yan amshinsa ba da agogo suke waƙa ba, sai inda kiɗa ya kai su. Wasan kwaikwayo ma galibi ƙashin labari kawai ake bai wa 'yan wasa, su cike sauran da bakinsu, salon da Usman Baba Pategi na wasan Samanja da Ƙasimu Yero suka ƙware a kai daga baya. Tsayar da dattijo yana tsakiyar magana ba tare da an ci fuskarsa ba, wannan ladabi ne da ya cancanci yabo, ga shi kuwa masu wasa ake tunawa, ba mai ɗaga musu hannu ba.

  A 1977 aka haɗe tashoshi ƙarƙashin hukumar talabijin ta ƙasa, NTA, tef ya yawaita, wasanni suka koma ɗauka da tacewa. Isharar hannu ta ci gaba da aiki a labarai da hirarrakin kai tsaye.