Yaƙe-yaƙen Kabi Daga Zamanin Kanta Zuwa Zamanin Sama

Duk wanda ya dubi ƙasar Kabi ya kwatanta ta da daulolin da ta kara da su, tilas ya tambayi kansa yadda aka yi ƙaramar ƙasa irin wannan ta rayu kusan shekara ɗari huɗu a tsakanin manyan maƙwabta. A ganina, bayan shekarun da na yi ina bin tarihin wannan yanki, abubuwa uku ne suka riƙe Kabawa: fadamar Gulbin Kabi, ganuwar garuruwansu, da kuma ƙawance da maƙwabtansu na yamma. Duk lokacin da waɗannan suka haɗu Kabi ta gagara, lokacin da kuwa aka raba ta da ƙawayenta sai ta sha kashi.

Tushen daular shi ne Kanta, wanda da farko yana cikin mayaƙan Askiya Muhammadu na Sanwai. Bayan yaƙin Agadas, wajen shekarar 1516, rigima ta tashi a kan rabon ganima, Kanta ya ɓalle ya kafa mulkin kansa. Sanwai ta aiko da runduna domin ta mai da shi ƙarƙashinta, ba ta yi nasara ba. Ya gina birnin Surame da ganuwar duwatsu, wadda kufanta ke nan har yau a ƙaramar hukumar Binji ta Jihar Sakkwato. Ruwayoyi sun nuna cewa Mai na Barno ya zo ya kewaye Surame bai ci ta ba, Kanta ya bi shi har ƙasarsa ya yaƙe shi, kuma a hanyar komowa ne aka harbe shi da kibiya a ƙasar Katsina, ta zama ajalinsa.

Bayan Kanta ƙarfin Kabi ya yi ta raguwa. Wajen shekarar 1700 aka bar Surame aka koma Birnin Kabi, a lokacin da Zamfarawa da Gobirawa ke ƙara ƙarfi. A shekarar 1805 rundunar jihadi, a ƙarƙashin Malam Abdullahi ɗan Fodiyo da Aliyu Jedo, ta ci Birnin Kabi. Sarkin Kabi Muhammadu Hodi ya fice ya ci gaba da gwagwarmaya har aka kashe shi a 1826. Ɗan'uwansa Karari ya kafa sansani a Argungu, amma rundunonin Sakkwato da Gwandu suka haɗu a kansa, aka kashe shi a 1831. A nan mutum zai yi zaton labarin ya ƙare.

Sai dai Sarkin Musulmi Muhammadu Bello bai kashe ɗan Karari, wato Yakubu Nabame, ba. An tsare shi a Sakkwato kimanin shekara 18, har Sarkin Musulmi Aliyu Babba ya yarda ya koma gida. A 1849 Nabame ya ɗaga tuta a Argungu, kuma abin da ya bambanta tawayensa da na mahaifinsa shi ne Arawa da Dandawa da Zabarmawa sun mara masa baya. Wannan ƙawance ya tsaga ƙasar Gwandu, ya raba ta da yankunanta na hayin Kwara.

Ya kamata mai karatu ya fahimci irin ƙasar da aka yi yaƙin a cikinta. Ƙarfin Sakkwato da Gwandu yana ga dawaki, barade masu sulke da lifidi. Fadamar gulbin kuwa tana da faɗi ƙwarai, da damina ruwa ya malale ta, bayan ya janye kuma taɓo ya hana doki sukuwa. Kabawa masunta ne, sun san kowane mashigi, suna da jiragen ruwa da gora, ga kuma 'yan baka masu kibiya mai dafi. Saboda haka babbar runduna ba ta da damar kai hari sai da rani, in ta iso kuma ta tarar da ganuwa a rufe.

Duk da haka an biya farashi mai tsada a kowane ɓangare. An kashe Nabame a 1854, aka kashe ƙanensa Yusufu Mainasara a 1859. A 1860 Kabawa suka kashe Sarkin Gwandu Haliru a fagen fama. Da gajiya ta kama kowa, aka ƙulla sulhu a 1867 tsakanin Sarkin Kabi Abdullahi Toga da Sarkin Musulmi Ahmadu Rufa'i, wanda ake kira Lafiyar Toga. A cikinsa aka amince da 'yancin Argungu. Sulhun ya wargaje a 1875, aka koma gidan jiya.

Sarkin Kabi Sama'ila, wanda aka fi sani da Sama, ya hau gado a 1883. Shi ne ya mai da yaƙin daga kare kai zuwa kai farmaki, har ana cewa ya ƙona garuruwa casa'in. Wajen 1892 Sarkin Musulmi Abdurrahman ya tara babbar runduna ya nufi Argungu, aka kore ta. Ba ni ganin daidai ne mu ambaci waɗannan nasarori mu manta da talakawan da suka ji jiki: gonakin bakin iyaka sun zama daji, an kama mutane bayi ta kowane ɓangare, alhali mafi yawansu harshe ɗaya suke yi, alƙibla ɗaya suke fuskanta.

Zuwan Turawa ne ya tsai da faɗan. Sama ya karɓi Ingilishi ba tare da yaƙi ba, kuma ta Argungu wani sashe na sojojinsu ya bi zuwa Sakkwato a 1903. Amma iyakar da Ingila da Faransa suka shata ta jefa yawancin ƙasashen Arewa da Dandi da Zabarma cikin mulkin Faransa, wato ƙawancen da ya riƙe Kabi fiye da shekara hamsin aka yanka shi da alƙalami. Gaba tsakanin gidajen sarautar biyu ba ta huce sosai ba sai a 1934, lokacin da Sarkin Musulmi Hassan ɗan Mu'azu ya ziyarci Argungu aka yi masa bikin kamun kifi. Daga wannan ziyara ce bikin ya samu matsayin da duniya ta san shi da shi, kuma tun 1991 Argungu da Gwandu suna zaune a jiha ɗaya mai ɗauke da sunan Kabi.