Daga Fijo ta Kaduna zuwa motar lantarki: abin da na hango daga bakin iyaka

Ni malamin firamare ne a Junju, garin da takardun gwamnati suke rubutawa Dioundiou, a jihar Doso. Babur ɗina ya haura shekara goma a hannuna, kuma mafi yawan man da ya sha da kwalba aka ɗura masa shi a bakin hanya, wurin 'yan ruwa-ruwa. Man Najeriya ne, kowa ya sani. Kangiwa ta jihar Kebbi ta fi kusa da mu a kan birnin Doso, saboda haka duk abin da ya taɓa fetur a can, mu nan a aljihu muke fara jin sa kafin mu ji a rediyo.

Wata rana ina darasin kimiyya da 'yan aji shida, muna maganar makamashi, sai wani yaro ya ɗaga hannu ya ce, "Mushe, wai da gaske ne akwai motar da ba ta shan mai?" Na ce akwai, har an fara haɗa ta a Najeriya. Ya yi shiru, can ya ce, "To babana me zai sayar?" Uban nasa ɗan ruwa-ruwa ne, da jarka ya ciyar da su tun suna goye. Na ba shi amsar da ni kaina ba ta gamsar da ni ba, shi ya sa na zauna na bi tarihin abin daga tushe.

Labarin ya girmi batir. A shekarun 1970, lokacin da kuɗin mai ya yi wa Najeriya ambaliya, gwamnatin soja ta haɗa gwiwa da kamfanonin Turai aka kafa masana'antun haɗa motoci guda shida. Fijo ta fara aiki a Kaduna a 1975, Volkswagen a Legas a wannan shekarar, daga baya Steyr ta zo Bauci, Fiat ta zo Kano, Leyland ta zauna Ibadan, Marsandi kuma Inugu. Fijo ce ta fi shiga ran mutanenmu. A lokacin ganiyarta dubun-dubatar motoci take fitarwa a shekara, kuma 504 da 505 sun zama motar gwamna, motar alhaji, motar haya daga Sakkwato zuwa Kamba. Ina yaro, in aka ce mota a garinmu, ita ake nufi.

Sai dai akwai wani abu da ba a cika faɗa ba. Shekara da shekaru, kayan da ake haɗa Fijo da su ta jirgin sama ake kwaso su daga Liyon ta Faransa zuwa Kano, sannan a ɗora su a manyan motoci zuwa Kaduna. Injin na can ne, zanen na can ne, ilimin ma na can ne, abin da ya rage wa Kaduna shi ne ɗaurin noti da fenti da 'yan kayan da ake samu a gida. Muddin naira tana da ƙarfi, ba wanda ya damu. Da farashin ɗanyen mai ya faɗi, aka shigo da shirin tsuke bakin aljihu na Babangida a 1986, naira ta karye, sayo kayan haɗin ya gagara, masana'antun suka riƙa durƙushewa ɗaya bayan ɗaya.

Abin da ya maye gurbinsu da idona na gan shi. Lokacin da nake makarantar horar da malamai a Doso, in na je hutu Gaya wurin kawuna, nakan tsaya kusa da gadar Malanbil in ga jerin gwanon motoci 'yan Kwatano, tsofaffin motocin Turai da aka sauke a tashar jirgin ruwan Kwatano. A takarda Nijar za su, amma kowa ya san ta Ƙonni da Maraɗi za su sulale su shiga Najeriya. Direbobi, 'yan kamasho, masu abinci, ma'aikatan duwan, duk sun ci abinci a wannan hanya. Mutuwar masana'antar Kaduna ta raya kasuwar Gaya, ko mun so mu faɗa ko ba mu so ba. Najeriya ta yi ta ƙoƙarin toshe ƙofar. A 2013 gwamnatin Jonathan ta fito da sabon tsarin masana'antar motoci, ta ɗaga harajin shigo da mota, sannan daga farkon 2017 aka hana shigo da motoci ta iyakokin ƙasa baki ɗaya.

A cikin wannan yanayi motar lantarki ta shigo, kuma wanda ya fi kowa tallata ta ɗan yankinmu ne. Jelani Aliyu Basakkwace ne, an haife shi a 1966, ya yi karatun zanen gine-gine a kwalejin kimiyya da fasaha ta Birnin Kebbi, wadda wasu 'yan uwanmu na tsallaken iyaka suka yi. Daga nan ya tafi Ditroyit ta Amurka ya koyi zanen motoci, kamfanin General Motors ya ɗauke shi a 1994. Shi ya zana siffar Chevrolet Volt da aka nuna wa duniya a 2007, motar da ke tafiya da batir, tana kuma ɗauke da ƙaramin injin fetur da ke taimaka mata in cajin ya ƙare. A 2017 Shugaba Buhari ya kira shi gida ya ba shi shugabancin hukumar bunƙasa ƙera motoci ta ƙasa, NADDC. Nakan ba ɗalibaina labarinsa, don su san wanda ya zauna a benci irin nasu a ƙasar Kabi yana iya zana abin da Amurkawa za su hau.

A zamaninsa ne, cikin Nuwamban 2020, kamfanin Stallion ya ƙaddamar da Hyundai Kona a Legas, motar lantarki ta farko da aka haɗa a Najeriya. A Afrilun 2021 aka buɗe tashar cajin mota mai aiki da hasken rana a Jami'ar Usmanu Ɗanfodiyo da ke Sakkwato, ta farko a ƙasar, daga baya aka yi irinta a jami'o'in Legas da Nsukka. Mataimakin shugaban ƙasa na lokacin, Yemi Osinbajo, ya tuƙa Konar a Abuja, jaridu suka ɗauki hoto.

Ban raina wannan aiki ba, amma mai karatu ya yi lissafi tare da ni. An sa wa Kona kuɗi wajen naira miliyan 24, a lokacin da mafi ƙarancin albashi yake naira 30,000. Wata 800 ke nan, sama da shekara 66, ba ci ba sha. Kuma motar ta Koriya ce, batirinta daga waje, a Legas haɗa ta kawai aka yi, wato hanyar da Fijo ta bi aka sake bi. Ga shi kuma litar fetur ba ta kai naira 200 ba saboda tallafin gwamnati. Wa zai bar mai mai arha ya sayi motar da sai ya je jami'a zai yi mata caji? Masana'anta dai an ce an fara, kasuwa kuwa babu.

Can gabas, a Maiduguri, wani matashi mai suna Mustapha Gajibo ya ɗauko abin ta wani gefen. Ya bar jami'a bai gama ba, ya kafa kamfanin Phoenix Renewables, ya riƙa cire injin ƙananan bas-bas na haya da Keke Napep yana sa musu batir da injin lantarki, yana yi musu caji da faifan sola. Daga baya ya fara ƙera gangar jikin bas ɗin da kansa. Abin da ya burge ni shi ne wanda ya zaɓa ya yi wa aiki: fasinjan cikin gari da direban da kullum yake lissafin kuɗin mai kafin ya kai cefane gida. Motar haya ta cikin gari ba ta yin nisa, tana kwana wuri guda, ana iya yi mata caji a tasharta. Matsalar rashin wurin caji a kan doguwar hanya ba ta shafe ta ba.

Abin da jawabai suka kasa yi, farashi ya yi shi a rana ɗaya. Ranar 29 ga Mayun 2023 Bola Tinubu ya ce tallafin mai ya tafi. Cikin 'yan kwanaki lita ta tashi daga ƙasa da naira 200 zuwa wajen 500, kafin ƙarshen 2024 ta haura 1,000. A Disamban 2023 gwamnatin Borno ta Babagana Zulum ta fito da motocin haya fiye da ɗari, cikinsu har da tasi masu lantarki, Tinubu da kansa ya je Maiduguri ya ƙaddamar. Gwamnatin tarayya ta fi karkata ga iskar gas ta CNG, amma a 2024 ta cire wa motocin lantarki harajin VAT.

Mu a nan abin ya zo mana biyu a haɗe. Ribar ruwa-ruwa ta dogara ne da tazarar farashi tsakanin ƙasashen biyu, da tallafi ya tafi tazarar ta tsuke. Mun taɓa ɗanɗana irin haka a 2019, da Najeriya ta rufe iyaka ta kuma hana kai mai gidajen man da ke cikin kilomita 20 daga bakin iyaka, amma wancan na ɗan lokaci ne. Sannan bayan juyin mulkin 26 ga Yulin 2023, Najeriya ta yanke wutar da take ba Nijar, wadda ta kai kusan kashi 70 cikin ɗari na abin da muke amfani da shi. Layin da ya taso daga Birnin Kebbi ya bi ta Doso zuwa Yamai ya mutu, ba a maido da shi ba sai Maris na 2024. A watannin nan na fahimci cewa mai motar lantarkin da ya dogara da layin gwamnati bai fi mai jiran jarka 'yanci ba. Su ma 'yan arewacin Najeriya sun gani a Oktoban 2024, da layukan da ke kawo musu wuta suka lalace, jihohi da dama suka yi fiye da mako a duhu. Ƙasar da ke da mutum sama da miliyan 200 tana raba megawat 4,000 zuwa 5,000, ina za ta kai miliyoyin motoci masu neman caji?

Mutane suna yawan kawo misalin Sin, inda a 2024 kusan rabin sababbin motocin da aka sayar masu caji ne. Gaskiya ne, amma a duba ta inda suka faro. BYD, wanda yau ya fi kowa sayar da irin waɗannan motoci, a 1995 kamfanin batir ne, na wayar hannu da makamantansu, sai a 2003 ya shiga harkar mota. Gwamnatinsu a 2009 da bas-bas da tasi ta fara ba da tallafi, kuma zuwa ƙarshen 2017 duk bas ɗin birnin Shenzhen, sama da 16,000, na lantarki ne. Kafin wannan duka, talakawansu sun riga sun rungumi keke da ƙaramin babur mai batir. Sun mallaki batirin tukuna, sannan motar ta biyo baya. A Najeriya kuwa, ma'adinin litiyam da ake yin batirin da shi yana nan a Nasarawa, an ma buɗe masana'antar sarrafa shi a 2024, amma ta 'yan Sin ce, kuma batirin da ke cikin bas ɗin Maiduguri daga waje ake sayo shi.

Maƙwabtanmu na kudu sun fi kusa da wannan darasi. A Kwatano da Lome, kamfanin da yanzu ake kira Spiro ya fara zuba babura masu lantarki a 2022, don 'yan zemijan, wato 'yan kabu-kabunsu. Dabarar ita ce ɗan kabu-kabu ba ya jiran caji. In batir ya yi ƙasa sai ya shiga shago ya ajiye shi, a ba shi cikakke, ya biya, cikin 'yan mintoci ya koma aiki. A 2024 kamfanin ya shiga Najeriya ta jihar Ogun. In aka lura, shagon canjin batir ɗin nan aikin ɗan ruwa-ruwa yake yi: ƙaramin wuri a bakin hanya, ana sayar da tafiyar kilomita kaɗan ga wanda ba shi da kuɗin cika tanki.

Ni a ganina ta nan abin zai iso mana in zai iso, ta babur da adaidaita sahu, kuma ba za a yi bikin yanke ƙyalle ba. Haka sola ta shigo. Ba wanda ya kira taro, amma yau a fadamun Dallol Mawuri, inda ake noman rake da kayan lambu, ana ganin manoman da suka ajiye injin ban-ruwa mai shan fetur suka koma famfon sola, kuma kusan kowane ƙauye akwai mai rumfar cajin waya. Damuwata ɗaya ce, wadda ta kashe Fijo. In babur ɗin na waje ne, batirin na waje, mai gyaran ma sai an kira shi daga Kwatano ko Kano, to ranar da kuɗinmu ya karye ko aka rufe gada, mun koma gidan jiya. Gadar Malanbil ɗin ma an rufe ta a 2023. Kanikawanmu sun san kabireta da fulogi kamar yunwar cikinsu, amma kaɗan ne cikinsu suka taɓa riƙe na'urar auna ƙarfin wuta, kuma ba a fafe gora ranar tafiya.

Yaron nan da ya yi mini tambaya ya gama firamare, yana kwaleji yanzu. Uban yana nan da teburinsa da kwalabensa, sai dai ya ƙara faifan sola biyu a kan rumfar, yana cajin waya da fitila. Ran kasuwar da ta wuce na tsaya shan lita ɗaya, na tarar da yaron a ƙarƙashin teburin da wata tsohuwar fitila a warware, yana gwada wayoyinta da batirin babur. Ya ce mini, "Mushe, wannan ba ta mutu ba, waya ɗaya ce ta tsinke." Na ce ya kawo ta makaranta ranar Litinin ya nuna wa ƙannensa 'yan aji shida yadda ya gano.