Daga Rumbun Masar Zuwa Ƙwallon Arshimidis

Lissafin awo kashi uku ne. Akwai awon tsawo, kamar na igiya ko na hanya. Akwai awon faɗin fili, kamar na gona ko na tabarma. Akwai kuma awon ciki, watau sanin yawan abin da rumbu ko rijiya ko tulu ya ke ci. A makaranta a kan haɗa biyun nan na ƙarshe a koya wa yara tare. A kan ba su siffar akwati, ko ta gwangwani, ko ta ƙwallo, a ce su faɗi yawan abin da za ta ci, su kuma faɗi yawan fatar da za ta rufe bayanta duka. Ƙa'idodin wannan aiki gajeru ne, ba wadda ta cika layi guda a kan allo. Amma sai da mutane suka yi shekara fiye da 1,500 suna nemansu, bayan an same su kuwa, ba sau ɗaya ba suka yi kusa su salwanta.

A Masar ta zamanin Fir'aunoni na farko babu kuɗin ƙarfe. Da hatsi a ke biyan haraji, da hatsi kuma sarki ya ke biyan magina da masu fasa dutse. Saboda haka malamin da aka danƙa wa rumbunan sarki tilas ne ya san abin da ke ciki ba tare da an kwashe an auna mudu-mudu ba. In ya ƙara a lissafi, abinci ya ƙare kafin kaka, ma'aikata su kwana da yunwa. In kuwa ya rage, rarar ta zama ganimar masu tsaron rumbu.

Wani malami daga cikinsu, sunansa Ahmas, ya rubuta littafin lissafi wajen shekara ta 1550 kafin haihuwar Annabi Isa, ya kuma bayyana cewa daga wani tsohon littafi ya kwafo. Wani mutumin Sikotilan, Henry Rhind, ya sayi takardar a Luksor a 1858, yanzu tana gidan ajiyar kayan tarihi na London. A ciki akwai tambaya game da rumbu mai siffar gwangwani, faɗin bakinsa kamu 9, tsayinsa kamu 10. Dabarar Ahmas ita ce a cire tusu'in faɗin bakin, watau kashi ɗaya cikin tara, saura 8. A buga 8 sau 8, a sami 64, wannan shi ne faɗin gindin rumbun. A buga 64 sau 10, a sami 640, watau cikin akwati 640, kowanne kamu guda tsawo, kamu guda faɗi, kamu guda zurfi. Da ya ke irin wannan akwati ya kan ci buhu ɗaya da rabi na awonsu, rumbun ya ci buhu 960. In aka yi lissafin da ƙa'idar makarantun yau, 636 da 'yan kai za a samu. Kuskuren Ahmas bai kai ɗaya cikin ɗari ba.

Akwai wata takarda kuma da ta girme wannan da shekara wajen 300, tana ajiye a Mosko. A cikinta an auna dala wadda aka yanke wa kai: kowane gefe na gindinta kamu 4, kowane gefe na samanta kamu 2, tsayinta kamu 6. Malamin ya buga 4 sau 4, ya buga 4 sau 2, ya buga 2 sau 2, ya tara 16 da 8 da 4 ya sami 28. Sa'an nan ya ɗauki sulusin tsayin, watau 2, ya buga da 28, ya sami 56. Wannan amsa ba ta da kuskure ko kaɗan.

Sai dai littattafan Masar hanyar aiki kawai su ke nunawa, ba su kawo dalili. Yunanawa ne suka ce ba za a karɓi ƙa'ida ba sai da hujja. Ga misali, abu mai siffar jinkar ɗaki, gindi zagaye kai a tsuke, cikinsa sulusin cikin gwangwanin da suka yi daidai a gindi da tsayi ne. Kowa na iya gwadawa da mazurari: cikinsa uku na yashi su ke cika gwangwanin. Dimokiritus ne ya fara faɗin haka, Yudoksus ya kafa hujjarsa, Uƙlidis kuma ya shigar da ita cikin babban littafinsa a Iskandariyya wajen shekara ta 300 kafin haihuwar Annabi Isa.

Ƙwallo ne ya gagara. Ba shi da gefe miƙaƙƙe da za a aza masa sandar awo, fatarsa kuma ba ta shimfiɗuwa. Duk wanda ya ɓare lemo ya yi ƙoƙarin baje ɓawon a faranti ya san sai ya tsage. Wanda ya warware wannan matsala shi ne Arshimidis, mutumin birnin Sirakus a tsibirin Sisili, wanda aka haifa wajen shekara ta 287 kafin haihuwar Annabi Isa.

Da ma'aunin nauyi ya fara, amma a cikin zuciyarsa. Ya ƙaddara an yayyanka ƙwallo da jinka da gwangwani fale-fale, kamar yadda a ke yanka albasa. Ya riƙa rataya yankin ƙwallo da na jinka a hannu ɗaya na ma'aunin, yankin gwangwani a ɗaya hannun, har ya gano inda su ke daidaita. Daga nan ya san amsar. Duk da haka bai yarda wannan ta isa hujja ba. Sai ya sake bin wata hanya: ya zana siffa mai gefuna da yawa a cikin ƙwallon, wata kuma a wajensa, waɗanda ya san awonsu. Ya nuna cewa gwargwadon yadda aka ƙara yawan gefunan, haka biyun nan su ke matsowa kusa da juna, har ba sauran wata amsa da za ta zauna tsakaninsu sai guda ɗaya.

Ga abin da ya samu. In aka sa ƙwallo cikin gwangwanin da ya yi masa cif, yana taɓa gindi da murfi da gefe, to cikin ƙwallon sulusi biyu ne na cikin gwangwanin. Fatar ƙwallon kuma sulusi biyu ce ta fatar gwangwanin, har da gindi da murfi. Ban da haka, fatar ƙwallo ninki huɗu ce ta da'irar da a ke gani in aka raba shi biyu daidai. Mai karatu ya gwada da ƙwallo mai faɗin inci 14. Arshimidis ya riga ya nuna cewa kewayen da'ira ya fi faɗinta sau uku, amma bai cika sau uku da subu'i ba, wannan kuwa shi ne asalin 22 bisa 7 na makaranta. Da shi, faɗin da'irar tsakiya 154 ne. A buga sau 14, cikin gwangwanin 2,156, na ƙwallon kuwa 1,437 da sulusi. Fatar ƙwallon 154 sau 4, watau 616. Ta gwangwanin kuma, gefensa 616, gindi da murfi 308, jimla 924, sulusi biyunta kuwa 616 ne daidai.

Arshimidis ya ƙera makamai da injuna masu ban mamaki, amma wannan lissafi ya fi kome faranta masa rai, har ya yi wasiyya a sa siffar ƙwallo cikin gwangwani a kan kabarinsa. A shekara ta 212 kafin haihuwar Annabi Isa, Rumawa suka ci Sirakus da yaƙi, wani soja ya kashe shi, ko da ya ke shugaban yaƙin, Marselus, ya so a bar shi da rai. Bayan shekara 137, wani ma'aikacin hukumar Rum mai suna Sisero ya zo aiki Sisili, ya tambayi kabarin. Mutanen garin suka ce ba su san da shi ba. Ya bi maƙabarta yana dubawa, har ya hangi wani ginshiƙi cikin ƙaya da ciyawa, da ƙwallo da gwangwani a kansa, ya sa aka sassabe wurin. A yau kabarin ya sake ɓacewa.

Da ba don masu kwafa da masu fassara ba, da littattafansa ma haka za su yi. A Bagadaza, zamanin Halifa Ma'amun, wanda ya yi mulki daga 813 zuwa 833, aka dage wajen juya littattafan Yunanawa zuwa Larabci. Alhawarizmi ya sa babin awo cikin littafinsa na aljabara, a ciki har da dala mai yankakken kai, gindi 4, sama 2, tsayi 10, ya sami 93 da sulusi. In aka bi hanyar malamin Masar, amsar ke nan da za a samu. 'Ya'yan Musa ɗan Shakir su uku, Muhammadu da Ahmadu da Hasan, suka rubuta littafi a kan awon siffofi shimfiɗaɗɗu da dunƙulallu, suka kafa hujjar awon ƙwallo. Sabit ɗan Ƙurra, wanda ya rasu a 901, ya gyara fassarar littafin Arshimidis na ƙwallo da gwangwani, ya kuma auna waɗansu siffofi da dabarar kansa. A Toledo ta ƙasar Andalus, Jirad mutumin Kiremona, wanda ya mutu a 1187, ya juya littafin 'ya'yan Musa zuwa Latin, harshen malaman Turai na wancan zamani, aka riƙa karantar da shi a can.

Na harshen Yunan kuwa, kundi uku kaɗai suka haye zuwa zamanin baya. Ɗaya ba a sake jin labarinsa ba bayan 1311, na biyu bayan 1564, amma an riga an kwafe su, an fassara, an kuma buga littattafan Arshimidis a ɗab'i a birnin Basel a 1544. Na uku shi ne mai labarin ban mamaki. An rubuta shi a kan fata a ƙarni na 10. Fatar rubutu tana da tsada, don haka wani limamin Kirista ya kankare rubutun, ya juya fatun, ya rubuta addu'o'i a kai, ya gama a 1229. A 1906 wani malamin Denmak, Heiberg, ya duba kundin a Istambul, ya ga inuwar tsohon rubutu a ƙarƙashin sabo. A nan ne aka sami wasiƙar da Arshimidis ya aika wa Iratostinis a Iskandariyya, wadda ya bayyana dabarar ma'aunin nan a cikinta. Ba wani kwafinta a duniya sai wannan. Kundin ya sake ɓuya, har a 1998 aka yi gwanjonsa a New York a kan dala miliyan biyu. Masana a Amurka suka yi shekaru suna haska shi da fitilu iri-iri har da hoton ƙashi, suka karanta wurare da dama waɗanda suka gagari Heiberg.

Hausawa sun ce da tsohuwar zuma a ke magani. Mai gina tankin ruwa, da mai ƙiyasta simintin gini, da mai ƙera tukunyar gas, duk da ƙa'idodin nan su ke aiki, ba a sauya ko ɗaya ba. Ɗan makarantar da ya buga faɗin gindi da tsayi, aikin Ahmas ya ke yi. In ya ɗauki sulusi biyu don ya auna ƙwallo, to wasiyyar Arshimidis ce ta iso hannunsa, ta hanyar malaman Bagadaza da na Toledo, da marubuta masu yawa waɗanda suka zauna suka kwafe ta harafi bayan harafi, ba a ko san sunayensu ba.