Tarihin Musidora, tauraruwar fina-finan farko a Faransa

Musidora na ɗaya daga cikin matan da suka fara yin suna a harkar fina-finai a ƙasar Faransa, tun zamanin da hoto ne kawai ke motsi a jikin allo, ba a jin muryar kowa.

'Yar wasan kwaikwayo ce, kuma mai shirya fim da ba da umarni, sannan marubuciyar littattafan ƙagaggun labarai. Amma akasarin jama'a da rawa ɗaya suka san ta, wato ta wata ɓarauniya mai baƙaƙen kaya da ake kira Irma Vep.

Fina-finan da ta shirya da kanta kuwa, da dama daga cikinsu sun salwanta, kuma sai bayan mutuwarta da shekaru ne aka fara ba ta matsayin da ya dace da ita a tarihin silima.

Asalinta

An haife ta ne a birnin Paris ranar 23 ga watan Fabrairun 1889, kuma sunanta na yanka Jeanne Roques.

Mahaifinta, Jacques Roques, mai tsara kiɗa ne da ke da ra'ayin gurguzu, mahaifiyarta kuma mai zane ce kuma 'yar fafutukar kare haƙƙin mata. Saboda haka ta tashi ne a gidan da ake karatu da zane da muhawara kan siyasa.

Da farko ta karkata ga zane, amma daga baya wasan kwaikwayo ya ja hankalinta. A shekarar 1910 ta fara fitowa a dandalin wasannin birnin Paris, inda ta ari sunan Musidora daga wata mata da ke cikin littafin Fortunio na marubucin nan Théophile Gautier.

A wannan lokaci ne ta haɗu da shahararriyar marubuciya Colette, wadda ita ma ta yi wasan dandali. Colette ta girme ta da shekara 16, amma ƙawancensu ya ɗore har ƙarshen rayuwar marubuciyar a 1954, kuma ya yi tasiri sosai a kan aikin Musidora.

Fim ɗinta na farko shi ne Les Misères de l'aiguille na shekarar 1914, wanda wata ƙungiyar haɗin gwiwa ta ma'aikata ta shirya a kan wahalar da mata masu ɗinki ke sha a Paris.

Fim a lokacin yaƙi

A wancan zamani Faransa ce ke kan gaba a duniya wajen harkar fim. A Paris ne 'yan'uwan nan biyu, Auguste da Louis Lumière, suka fara nuna majigi ga 'yan kallo masu biyan kuɗi a watan Disamban 1895, kuma kamfanonin Pathé da Gaumont na sayar da fina-finansu a ƙasashe da dama.

A kamfanin Gaumont, mace ce ta fara jagorantar sashen shirya fina-finai, wato Alice Guy. Da ta tafi Amurka a 1907, sai Louis Feuillade ya gaje ta, kuma shi ne ya ɗauki Musidora aiki a 1914.

A watan Agustan wannan shekarar Yaƙin Duniya na Ɗaya ya ɓarke. Aka kwashi 'yan wasa da ma'aikata zuwa fagen daga, aikin fim ya ja baya, fina-finan Amurka kuma suka fara mamaye gidajen siliman Faransa.

A ƙarshen 1915 kamfanin Pathé ya shirya nuna wani fim mai dogon zango da aka yi a Amurka, wanda 'yar wasa Pearl White ta fito a cikinsa. Don kada a bar shi a baya, kamfanin Gaumont ya sa Feuillade ya gaggauta yin nasa.

Haka aka samu Les Vampires, wanda aka nuna kashi-kashi har kashi 10 daga watan Nuwamban 1915 zuwa watan Yunin 1916. Idan aka haɗa shi baki ɗaya, tsawonsa ya kai kusan sa'o'i bakwai.

Irma Vep

Kalmar vampire na nufin wani dodo mai shan jinin mutane a tatsuniyoyin Turawa. Sai dai a fim ɗin babu dodo ko ɗaya. Suna ne na wani gungun 'yan fashi da masu kisa da suka addabi attajiran Paris, yayin da wani ɗan jarida mai suna Philippe Guérande ke bin sawunsu.

A kashi na uku ne Musidora ta fara bayyana a matsayin Irma Vep, mawaƙiya a wani gidan rawa. Sunan kansa haruffan kalmar vampire ne aka sauya musu wuri.

Shugabannin gungun sun riƙa mutuwa ɗaya bayan ɗaya ana naɗa wasu, amma Irma Vep na nan har kashi na ƙarshe, inda matar ɗan jaridar ta harbe ta. Takan yi shigar 'yar aiki, ko ta sakatariya a banki, ko ta namiji, sannan da dare ta sa baƙaƙen kaya masu kama jiki daga wuya har ƙafa, ta bi ta ɗakunan otel tana sata.

Da yake fim ne marar sauti, idanu da motsin jiki ne ke isar da saƙo. Manyan idanunta da ta zagaye da baƙin kwalli, da farar fuskarta, su suka zama alamar da aka san ta da ita.

An ɗauki sassa da yawa na fim ɗin ne a kan titunan Paris na ainihi, waɗanda yaƙi ya sa suka zama fayau. Haka kuma labarin ya riƙa sauyawa ana cikin aiki, saboda akan kira ɗan wasa zuwa aikin soja ba shiri.

Hukumomi ba su ji daɗin fim ɗin ba. 'Yan sandan Paris sun dakatar da nuna shi na wani ɗan lokaci, bisa zargin cewa yana ɗaukaka masu laifi yana kuma nuna gazawar jami'an tsaro. Masu sharhi na lokacin ma sun raina shi, suna ganin abin kallon talakawa ne kawai. Amma jama'a sun yi ta tururuwa zuwa kallonsa.

Daga nan ta sake fitowa a wani fim ɗin na Feuillade mai kashi 12, wato Judex, a matsayin wata makira mai suna Diana Monti.

Wasu matasan marubuta da suka kalli waɗannan fina-finai a ƙuruciyarsu, irin su André Breton da Louis Aragon, sun ɗauke ta a matsayin gwarzuwarsu. A ƙarshen shekarun 1920 mutanen biyu sun rubuta wani wasan kwaikwayo mai suna Le Trésor des Jésuites, inda suka ƙirƙiri sunayen wasu 'yan wasan daga haruffan sunanta.

Bayan kyamara

Ita dai Musidora ba ta yarda ta tsaya a gaban kyamara kawai ba. Tun yaƙin bai ƙare ba ta fara shiga aikin shirya fim da ba da umarni, kuma kafin shekarar 1920 ta kafa kamfaninta mai suna Société des Films Musidora.

Wannan ba ƙaramin abu ba ne a lokacin. Matan Faransa ba su samu 'yancin jefa ƙuri'a ba sai a 1944, kuma sai a 1965 ne doka ta ba matar aure damar yin aiki ko buɗe asusun banki ba tare da izinin mijinta ba. Matan da ke ba da umarni a fim a Faransa a wancan lokaci ba su taka kara sun karya ba, daga cikinsu akwai Germaine Dulac.

Ayyukanta na farko sun dogara ne a kan rubuce-rubucen Colette. Ta fito a fim ɗin La Vagabonde da aka ɗauka a Italiya daga littafin marubuciyar, sannan Colette ta rubuta mata labarin La Flamme cachée. Bayan haka ta yi wani mai suna Vicenta, wanda ita ta rubuta labarinsa.

Aikinta mafi girma shi ne Pour Don Carlos, wanda ya fito a 1921, daga littafin marubuci Pierre Benoit. Labari ne na yaƙin neman sarauta da aka yi a arewacin Sifaniya a shekarun 1870, kuma an ɗauke shi ne a yankin Basque. Fim ɗin ya ci kuɗi mai yawa, bai kuma dawo da abin da aka zata ba.

A Sifaniya ne ta haɗu da Antonio Cañero, wani ɗan yankin Córdoba da ya shahara wajen wasan artabu da bijimai a kan doki. Ta zauna a ƙasar na wasu shekaru, inda ta yi fina-finai biyu tare da shi.

Na farko shi ne Soleil et ombre na 1922, ma'ana rana da inuwa, labarin kishi tsakanin wata 'yar aiki a masauƙin baƙi da wata baƙuwa 'yar yawon buɗe ido a kan mutum ɗaya. Musidora ce ta fito a matsayin matan biyu.

Na biyu kuma La Terre des taureaux, wato ƙasar bijimai, na 1924. A cikinsa ta haɗa ƙagaggen labari da hotunan rayuwa ta ainihi a wuraren kiwon shanu na Andalus, ta kuma tsara shi ta yadda za a riƙa tsayar da fim ɗin, ita da kanta ta hau dandali ta yi wasa a gaban 'yan kallo, sannan a ci gaba.

Masana tarihin fim na yaba waɗannan ayyuka saboda yadda ta fita daga ɗakin ɗaukar hoto, ta yi amfani da hasken rana da garuruwa da mutanen ƙauye na ainihi. Sai dai ba su samu kasuwa ba, kuma kamfanin bai ɗore ba.

Rubutu da aure

Ta koma Faransa, ta yi fitowarta ta ƙarshe a babban fim a 1926. Shekara guda bayan haka fina-finai masu sauti suka fara bayyana a Amurka, abin da ya rufe babin taurari da yawa na zamanin shiru.

A 1927 ta auri wani likita mai suna Clément Marot, suka haifi ɗa namiji guda. Auren ya mutu a 1944.

A waɗannan shekaru ta mai da hankali ga rubutu. Ta wallafa littattafan ƙagaggun labarai, ciki har da Arabella et Arlequin da kuma Paroxysmes na 1934, ta rubuta waƙoƙi da wasannin kwaikwayo, ɗaya daga cikinsu a kan rayuwar marubuciya George Sand. Ta kuma ci gaba da yawon wasan dandali da koyar da matasa.

Ceto tarihi

Da zuwan sauti, kamfanoni sun ɗauki tsofaffin fina-finai a matsayin kayan da ba su da sauran amfani. Zaren fim na wancan zamani yana saurin kama wuta, yana kuma ruɓewa idan ya daɗe, don haka an zubar da wasu, an narkar da wasu domin a cire azurfar da ke jikinsu. Ta haka ne akasarin fina-finan zamanin shiru suka ɓace a duniya.

A 1936 Henri Langlois da wasu abokansa suka kafa cibiyar adana fina-finai ta Cinémathèque française domin ceto abin da ya rage. Daga shekarun 1940 Musidora ta fara aiki da cibiyar, a sashen binciken tarihi.

Aikinta shi ne nemo tsofaffin 'yan wasa da masu ɗaukar hoto da masu ba da umarni, a zauna da su a rubuta abin da suke tunawa, a kuma tattara takardu da hotunan da ke hannunsu. Da yake ita ma ta wannan zamani ce, sun amince da ita. Bayanan da aka tattara na cikin abubuwan da masu bincike ke dogaro da su wajen sanin yadda harkar fim ta faro a Faransa.

A 1950 ta shirya fim ɗinta na ƙarshe, wani gajere mai suna La Magique image, domin tunawa da Feuillade, wanda ya mutu tun 1925.

Musidora ta mutu a Paris a watan Disamban 1957 tana da shekara 68, aka binne ta a garin Bois-le-Roi da ke kudu maso gabashin birnin.

Bayan mutuwarta

A farkon shekarun 1970 wasu mata masu fafutuka a harkar fim suka kafa ƙungiya suka sa mata suna Musidora. Su ne suka shirya bikin nuna fina-finan mata a Paris a 1974.

A 1996 mai ba da umarni Olivier Assayas ya fitar da fim mai suna Irma Vep, inda 'yar wasan Hong Kong, Maggie Cheung, ta fito a matsayin wadda aka ɗauko don ta maimaita rawar da Musidora ta taka. A 2022 ya sake mayar da labarin zuwa shiri mai dogon zango na talabijin, tare da Alicia Vikander 'yar ƙasar Sweden.

Cibiyoyin adana fina-finai kuma sun gyara abin da ya tsira daga ayyukanta, ciki har da Soleil et ombre da La Terre des taureaux da Pour Don Carlos. A 2019 bikin tsofaffin fina-finai na birnin Bologna a Italiya ya keɓe mata sashe na musamman, inda aka nuna ta a matsayin 'yar wasa da kuma mai ba da umarni.