Haƙuri da Halartar Zuciya: Tarihin Jiyyar Waswasi da Ƙuncin Rai a Birnin Katsina

Gabatarwa

A wannan maƙala muna so mu bi diddigin yadda mutanen birnin Katsina suka riƙa fuskantar waswasi da baƙin ciki da fargaba tun daga ƙarni na 15, sa'an nan mu auna abin da muka samu da wata hanyar jiyya da ta fito daga Amurka da Ingila a ƙarshen ƙarni na 20. Wannan hanya tana koya wa majinyaci ya karɓi tunani mai zafi yadda ya zo, ya dube shi da halartar zuciya, ya daina kokawa da shi, ya ci gaba da aikin da ya san shi ne daidai. Dalilinmu na ɗauko wannan batu a fili yake. Hare-haren 'yan bindiga a Jibiya da Batsari da Safana da Faskari, da sace ɗalibai fiye da 300 a Ƙanƙara cikin Disamba 2020, sun bar dubban mutane da raunin da ido ba ya gani, kuma abin da akasarinsu suka fi ji daga bakin masu jaje shi ne “a yi haƙuri”. Lalle ne mu san abin da wannan kalma ta ƙunsa a wurin magabata.

Bori da zama da abin da ya ƙi fita

Kafin Musulunci ya kafu sosai, har ma bayan kafuwarsa, bori na daga cikin wuraren da ake kai wanda zuciyarsa ta rikice. Abin lura a nan shi ne yadda girka take aiki. Idan aka ce iska ta taɓa mutum, masu girka ba su cika nufin korarta baki ɗaya ba. Sukan nemi sanin ko wace ce da abin da take so, a shirya zaman lafiya tsakaninta da mai ita, har ya zama dokinta, ta riƙa hawa a lokacin da aka keɓe da kiɗan garaya, ta sauka. Bayan jihadi, da Ummarun Dallaje ya karɓi Katsina wajen 1807, sarakunan Haɓe suka yi arewa har aka kafa Maraɗi, inda bori ya ci gaba da zama a jikin sarauta ƙarƙashin Iya. A birnin Katsina kuwa sai ya koma gefe, ya fi yawa cikin gidaje a tsakanin mata. Malamai sun yi inkarin aƙidarsa, kuma ba ita muke karewa ba. Mun kawo shi ne don ya nuna cewa tun tuni Bahaushe ya gane akwai damuwar da kora ba ta raba mutum da ita, dole a koyi zama da ita.

Zauren malam da ilmin zuciya

Tarihin ilmi a Katsina sananne ne. Shehu Magili ya biyo ta Kano da Katsina cikin shekarun 1490, Imam Suyuɗi kuma ya aiko da wasiƙar nasiha daga Masar zuwa ga Sarkin Katsina Ibrahim. A ƙarni na 17 aka yi Wali Ɗanmarina da almajirinsa Wali Ɗanmasani, wanda ya rasu a 1667, kuma ya yi sharhin Ishiriniya da na Ishmawi. Muhammadu al-Katsinawi ya tafi Gabas, ya yi suna a ilmin lissafi, ya rasu a Alƙahira a 1741. Karatun zauren da waɗannan malamai suka gadar ya haɗa fiƙihu da tasawwufi, kuma duka biyun sun taɓo maganar waswasi.

Mu fara da fiƙihu, domin shi ne kowane ɗalibi yake soma ɗauka. Ahalari, wanda ake karantawa tun da ƙuruciya, da Risala ta Ibn Abi Zaidi al-Ƙairawani, wanda ya rasu a 996, duk sun bambanta mai shakka ta lokaci ɗaya da wanda shakka ta aure shi. Na farko zai kawo abin da ya yi shakkarsa. Na biyu kuwa an umurce shi ya kau da kai, kada ya sake komai, ya yi sujada ba'adi kawai. Watau ba a ce masa ya tsaya sai shakkar ta gushe kafin ya ci gaba da salla ba, ba a kuma yarda ya biya mata buƙata ba, domin duk sa'ad da ya sake alwala ko raka'a don ya sami natsuwa, gobe shakkar za ta dawo da ƙarfin da ya fi na yau. Likitocin zamani da ke jiyyar ciwon waswasi a kan wannan ƙa'ida suke tafiya, ta hana majinyaci maimaita aikin da tunanin yake tilasta masa.

A ɓangaren tasawwufi, Ihya'u na Imam Gazali, wanda ya rasu a 1111, shi ne babbar rijiya, kuma Shehu Usmanu Ɗanfodiyo da ƙanensa Abdullahi sun ɗebo daga cikinta da yawa. A babin da ya yi kan abubuwan mamaki na zuciya, Gazali ya kasa abin da ke faruwa kafin aiki kashi 4: tunanin da ya faɗo, karkatar ɗabi'a zuwa gare shi, hukuncin zuciya cewa a aikata, sa'an nan ƙudurin aikatawa. Ya ce biyun farko ba a kama bawa da su, domin ba da zaɓinsa suke zuwa ba. Hujjarsa hadisin nan ne na Buhari da Muslim mai nuna cewa an yafe wa al'umma abin da rayukansu suka raya musu muddin ba su furta ko aikata ba. Bisa ga haka mutum daban ne, tunanin da ya gifta masa daban, kuma aikinsa shi ne muraƙaba, watau gadin zuciya da lura da mai shiga da mai fita, sai muhasaba, watau yi wa kai hisabi bayan aiki. Wuridin Ƙadiriyya da na Tijjaniyya, da ake zama a yi safe da yamma da adadi ƙayyadadde, horo ne na komo da zuciya duk sa'ad da ta ɓalle.

Haƙurin da waɗannan malamai suka koyar bai hana jin zafi ba. Sun kafa hujja da hawayen da Annabi, tsira da amincin Allah su tabbata a gare shi, ya zubar ranar rasuwar ɗansa Ibrahim, da baƙin cikin Annabi Yaƙubu a kan Yusufu. Abin da haƙuri yake tsarewa shi ne harshe da gaɓoɓi, kada zafin ya kai su ga abin da bai dace ba. Har wa yau sun kasa shi gida 3: haƙuri a kan yin ɗa'a, haƙurin barin saɓo, da haƙuri a kan masifa. Biyu daga cikin ukun nan aiki ne da motsi. Karin maganar da ke cewa mai haƙuri shi kan dafa dutse ya sha romo ma ta nuna haka, domin mai dafa dutse yana iza wuta ne.

Zuwan Turawa da zamanin ɗauri

Turawa sun shigo Katsina a 1903, suka naɗa Sarki Muhammadu Dikko a 1906, suka kafa Kwalejin Katsina a 1921. Amma a fagen lafiyar ƙwaƙwalwa abin da suka fi kawowa shi ne tsarewa. Gidajen mahaukata na farko an buɗe su ne a Kalaba da Yaba ta Ikko a farkon ƙarnin, dokar mahaukata ta 1916 kuma ta fi kula da yadda za a killace mutum don kada ya cuci jama'a. A Arewa kurkukun En'e ne ya riƙa ɗaukar masu taɓin hankalin da suka gagari danginsu. Wanda ciwonsa bai kai ga tashin hankali ba, kamar matar da ta daina barci bayan mutuwar ɗanta, babu gurbinsa a wannan tsari, sai ya koma wa malam ya karɓi rubutun sha. A 1954 Dakta Thomas Adeoye Lambo ya ɓullo da tsarin ƙauyen Aro kusa da Abeokuta, inda majinyata suka zauna cikin jama'a tare da danginsu, har aka yi aiki da masu maganin gargajiya, amma wannan tsari bai game ƙasa ba.

Giɓin da aka bari shi gidajen mari suka cike. A Oktoba 2019 'yan sanda suka buɗe irin waɗannan gidaje a Daura da cikin birnin Katsina, suka fito da mutane ɗaure da sasari, waɗanda iyayensu suka kai don gyaran hali ko shaye-shaye. Tsohuwar dokar mahaukata kuwa, wadda aka sake wa fasali a 1958, ba ta kau ba sai a Janairu 2023, da Shugaba Muhammadu Buhari ya sa hannu a kan sabuwar dokar lafiyar ƙwaƙwalwa. A fahimtarmu, cikin wannan dogon zango ma'anar haƙuri ta ƙuntata a bakin jama'a, ta koma kusa da haɗiye magana. Amaryar da ake cuta a ce ta yi haƙuri, yaron da ya ga an kashe ubansa a ce namiji ba ya kuka. Wannan danniya ce, kuma ta saɓa wa abin da ke cikin littattafan zaure.

Sabuwar hanya daga Yamma

Jiyyar da Aaron Beck ya kafa a Amurka cikin shekarun 1960 ta dogara ne a kan yi wa mummunan tunani gardama har a gyara shi. Daga baya wasu masana suka lura cewa kokawar da kanta tana iya zama ciwo. A 1987 Daniel Wegner ya umurci ɗalibai kada su tuna wata farar dabbar ƙasashen ƙanƙara, sai ga shi tana ta faɗo musu, kuma da aka sake su suka fi waɗanda ba a taɓa hanawa ba tunaninta. Tun a 1979 Jon Kabat-Zinn ya riga ya buɗe shirin mako 8 a asibitin Jami'ar Massachusetts, inda ya ɗauko zaman lura da numfashi daga addinin Buda, ya cire masa rigar addini. Zindel Segal da Mark Williams da John Teasdale suka gina a kansa don masu ciwon baƙin ciki mai dawowa. Gwajin da suka buga a 2000, a kan mutum 145, ya nuna komowar ciwon ta ragu da kusan rabi ga waɗanda ya taɓa kamawa sau 3 ko fiye, amma bai nuna amfani ga waɗanda ya kama sau 2 kawai ba. Steven Hayes da abokan aikinsa kuma suka fitar da littafinsu a 1999 a kan jiyyar karɓa da ɗaura niyya, wadda take koya wa mutum ya ce “ga tunanin cewa ni ba kowa ba ne ya zo”, maimakon ya ce “ni ba kowa ba ne”, sa'an nan ya tambayi kansa abin da ya fi daraja a wurinsa, ya taka zuwa gare shi ko da zuciya na zafi.

Abin da ya fi kusa da halinmu shi ne aikin Hukumar Lafiya ta Duniya. Ta tsara darussa 5 a kan wannan hanya, na saurare a faifai tare da ɗan littafi mai zane, waɗanda mutumin da ba likita ba zai iya jagoranta ga taron da ya kai mutum 30. An gwada su a arewacin Yuganda a kan mata 694 'yan gudun hijira daga Sudan ta Kudu, kuma sakamakon da aka buga a 2020 ya nuna damuwarsu ta ragu bayan darussan, ko da yake tazarar ta ƙanƙance bayan wata 3.

Inda suka haɗu da inda suka rabu

Hanyoyin biyu sun yi tarayya a abu 3: raba mutum da tunaninsa, hana yaƙi da abin da ba shi da iko a kansa, da ɗora nauyi a kan aiki. Amma kada kamar ta rufe mana ido. Muraƙaba tana tsaye ne a kan sanin cewa Allah yana ganin bawa, halartar zuciyar asibiti kuwa ba ta ambaci kowa ba. Malamin zaure yana rarrabe tunani, wannan na mala'ika, wancan na Shaiɗan, yana kuma umurni da neman tsari, alhali likita yana cewa a dube shi ba tare da yanke masa hukunci ba. Daɗin daɗawa, abin da ya fi daraja, a wurin Hayes majinyaci ne yake zaɓarsa, a zaure kuwa shari'a ta riga ta faɗa. Wanda ya kawo wa Bakatsine wannan jiyya bai san waɗannan bambance-bambance ba zai gamu da tuhumar shigo da bautar wasu, kuma tuhumar tana da madogara a asalin abin.

Kammalawa

Abin da tarihin nan ya nuna mana shi ne kalmomin da ake buƙata, haƙuri da tawakkali da muraƙaba da niyya, suna nan a bakin mutanen Katsina, kuma ma'anarsu ta asali ta fi wadda ake yayi faɗi. Muna ganin aiki ne na malaman Hausa da na addinin Musulunci da masana halayyar ɗan Adam a Jami'ar Umaru Musa 'Yar'aduwa da sauran makarantunmu su zauna tare da likitoci su tsara irin waɗannan darussa da Hausa, a gwada su a tsakanin waɗanda rikici ya koro, a auna sakamakon da ma'aunin ilmi. Sai dai a kiyaye iyaka biyu. Mai ciwon da ya kai ga gushewar hankali ko niyyar halaka kai, likita da magani yake buƙata tun da wuri. Sa'an nan karɓar zafin da ke cikin zuciya ba ya nufin yarda da zaluncin da ya haddasa shi, domin manomin Batsari da aka kora daga gonarsa, ko ya koyi zama da fargabarsa, haƙƙinsa na tsaro da komawa gida yana nan a wuyan hukuma.